Tsohuwar da Ta Sauka a Tsakiyar Tafkin Kainji

Jama'a, abin da zan faɗa muku wallahi da ni ya faru, ba a bakin wani na ji ba. Shekarun baya ina sayo bandar kifi daga wajen Yawuri ina kawowa Maraɗi, can bakin tafkin da madatsar Kainji ta tara, wadda ke ba mu kuran, wato wutar lantarki. Ku da gulbin Maraɗi kaɗai kuka sani kada ma ku kwatanta, ruwa ne ba ka ganin ƙarshenshi, kuma an ce akwai garuruwa a ƙarƙashi, da masallatansu da maƙabartunsu.

Ran nan da rana tsaka na shiga jirgin inji zan haye wani tsibiri inda masunta ke banda. Ni dama ban yarda da mai jirgin ba, sai satar kallon jakata yake. Kusa da ni wata tsohuwa ce da ƙwarya bisa cinya, ba wanda ya kula ta, abin ya ba ni haushi na gaishe ta. Ta ce daga ina, ni kuwa kun san halinmu, sai da na kwatanta mata har ƙofar gidana a Sabon Gari, na ce in ta zo Maraɗi ta sauka wurina. Ta yi murmushi ta ce to.

Muna tsakiyar ruwa mai jirgin ya kashe inji, ya ce kowa ya sunkuya ya rufe ido, bisa tsohon gari muke, haka ake yi. Na ce a raina yauwa, ga dabarar ɓarayin ta fito. Na ƙanƙame jakata na sunkuya. Da aka tada inji na ɗago, jaka na nan, tsohuwa babu. Ko facal ban ji ba.

Na ci kwalar mai jirgin, na ce sai ya faɗi yadda suka yi da baiwar Allah. Maimakon faɗa sai ya ja da baya ya ce:

"Malam, magana ka yi da ita?"

Na ce har kwatancen gidana na ba ta. Ya yi salati kawai. Har muka sauka ba wanda ya ƙara kallona, ni kuwa na bar shi a kan bakinsu ɗaya, sun dai yi ta'asa suna rufewa.

Bayan na dawo, wata rana ina shigowa daga Tibiri, maiɗakina ta ce na yi baƙuwa, wata tsohuwa mai ƙwarya, ta ce ni na gayyace ta. Zanenta jiƙe sharkaf, ga shi tsakiyar bazara. An kawo mata ruwa ta ce ta ƙoshi. Ta tambayi inda 'ya'yana ke kwana, ta leƙa ɗakin, ta ce za ta dawo in maigida na nan.

Tsoro ya kama ni, ba zan ɓoye muku ba. A ranar na kwashe iyalina zuwa gidan yayana a unguwar Zariya, ko tabarma ban tsaya naɗewa ba. Kifi kuwa na bar shi har abada. Wanda ya shiga gidan bayan na tashi, har yau in mun gamu sai ya tambaye ni me ya sa ƙofar ɗakin yara ba ta bushewa.

Don Allah in kuna bisa ruwa, wanda kuka ga mutanen wurin ba su gaisar ba, ku ma ku kama bakinku.