Kawu Pechimuthu da Sa'ar Rahu

Shekara talatin da ɗaya kawuna Pechimuthu ya yi yana kwandastan bas a Madurai, a kudancin Indiya, kuma bai taɓa fita aiki ba sai ya duba sa'a mai kyau a kalandar bango. Ko aski ba ya yi ranar Talata. Da ya yi ritaya, abin da ya tsira da shi gida ne mai ɗaki biyu da bashin banki a kansa, bashin da ke lashe fiye da rabin fanshonsa. Har an fara maganar sayarwa.

Ni na kawo shawara, da sabon digirina a hannu: a mayar da bashin wani banki mai sauƙin kuɗin ruwa. Wata biyu ina yawon takardu. Aka sa mana Juma'a ƙarfe sha ɗaya, ranar ƙarshe ta rangwamen. Na manta ranar Juma'a daga goma da rabi zuwa sha biyu sa'ar Rahu ce, wadda ba a fara abin alheri a cikinta.

Da muka isa, ma'aikaciyar bankin ta miƙa masa biro. Kawu ya ce ya bar tabarau a gida. Na nuna masa shi a goshinsa. Ya nemi ruwa. Ya shiga karanta shafin farko da ƙarfi, har da adireshin banki.

"Kawu, don Allah sa hannu," na ce.

"Malama mai digiri, gidanki ko nawa?"

"Baba, sha biyu da kwata nake tura takardun yau," in ji ma'aikaciyar. "Wanda bai shiga ba, shi ke nan. Kuma wuri arba'in za ka sa hannu."

"'Yata, mutanenku 'yan wane gari ne?" Kawu ya tambaye ta.

A nan na fashe da kuka, a gaban layi guda na mutane. Matar ta dubi agogo, ta dubi Kawu, ta yi dariya.

"Rahu ne, ko? Ai da ka faɗa tun ɗazu! Babata ma ko gas ba ta saya a wannan lokacin."

Ta kira na bayanmu, ta ba ni aikin buɗe shafuka ina sa yatsa a duk inda ake so. Sha biyu da minti ɗaya Kawu ya ɗauki biro. Ina juyawa, yana rattabawa, ina share hanci da kafaɗa. Saura minti biyu muka gama.

Biyan wata ya ragu da rupi dubu huɗu, gida ya tsaya. Ni har yau in na ga ƙofar banki sai in sauya hanya. Shi kuwa Kawu yana zaune a dakali yana shaida wa maƙwabta cewa da kyar ya ƙwaci gidansa daga hannun 'yan boko.