Ciwon Bai Duba Iƙamata Ba

Assalamu alaikum. Masu tambayar ko na rasu, ban rasu ba. Watanni na yi ba na iya kallon hasken waya, sai makon nan.

Shekaruna hamsin da huɗu. A iƙamata, wato katin izinin zamana a Saudiyya, arba'in da takwas. Ku riƙe wannan.

A ƙauye aka haife ni, babu takardar haihuwa. Da zan shiga jami'a, Baffana ya je kotu yi mini rantsuwar shekaru. Magatakarda ya ce masa, "Alhaji, a rage mata shida. Ranar da sa'o'inta ke ritaya za ta gode maka." Kowa haka yake yi. Shekarun suka hau fasfo, daga fasfo suka hau iƙama, suka biyo ni Jidda, inda nake koyar da lissafi. E, lissafi.

Akwai ciwon da Larabawa ke kira hizam nari, ɗamarar wuta. Ƙwayar ƙarambau ce da ke kwanciya a jijiya tun yarinta, ta farka idan mutum ya manyanta. Na ga yadda ya yi da mahaifiyata. Don haka da na ji akwai rigakafinsa ga wanda ya kai hamsin, na ɗauki katin tamin, wato inshorar lafiya da kafilinmu, mai ɗaukar nauyin zamanmu a ƙasar, ya yi mana, na tafi asibiti.

Suka tura wa kamfanin tamin neman muwafaƙa, don ba a taɓa ka sai ya amince. Amsa ta dawo: marfud. An ƙi. Ban kai hamsin ba.

Na kira su. Wata yarinya mai zaƙin murya ta ce, "Ya ukhti, abin da sistam ya nuna ke nan." Na ce mata ina da furfura, ina da jika. Ta ce Masha Allah, ta tambaye ni ko akwai wata hidimar.

Idan zan biya da kaina, allura biyu ce, kuɗinsu ya kusa hayar gidanmu ta wata a unguwar Ammariyya. Na ce sai bayan hutu.

Ciwon bai jira hutu ba.

Da ciwon kai ya fara, ɓari ɗaya, na hagu. Mayafi ya taɓa goshina sai in ji kamar an ɗora garwashi. Sannan ƙuraje masu ruwa suka fito saman girata, ɗaya a kan hanci.

Khala Rabi, dattijuwar maƙwabciyata, haifaffiyar unguwar Nuzla a nan Jidda, ta leƙa fuskata ta yanke hukunci. "Ya binti, ƙwaro ne ya yi miki fitsari kina barci. Halas, shafa man habbatus sauda."

Na shafa. Da digiri biyu na shafa.

Da idon ya kumbura ya rufe, maigidana bai nemi shawarata ba. "Malama, yalla, ɗauko abayarki."

Likitan ɗan Sudan ne. Ya kalli ƙurjin hancina, ya kalli fayil, ya sake kallona. "Hajiya, shekarunki nawa? Na gaskiya nake tambaya. Mu ma rabinmu ɗaya ga Janairu aka haife mu."

Na gaya masa. Bai ƙara wasa ba. "Ya shiga idon. Da kin zo a kwana ukun farko, da magani ya fi kama shi. Za mu yi ƙoƙari, amma ban yi miki alkawari ba."

Aka ba ni gado. Magani ta jijiya safe, rana, dare. Kullum a ɗiga mini ruwan ɗorawa a ido, a haska shuɗiyar fitila, a ce in karanta allo. Babban harafin sama ma hazo nake gani. Idan ba kowa a ɗakin, sai in rufe idon dama in gwada na hagu a kan ƙofa. Ban gaya wa kowa ba, amma na fara tunanin wace makaranta ce za ta sabunta kwantiragin malamar da ba ta ganin rubutun ɗalibanta.

Ga abin da har yau ke tafasa mini zuciya. Gado: muwafaƙa. Likitan ido: muwafaƙa. Gwajin jini, maganin zafin jijiya, komai da komai, amincewa na shigowa waya kafin nas ta gama ɗaura ruwa. Kamfanin da ya hana ni allura biyu ya biya ninkin-ba-ninkinsu ba gardama. Ashe ba rowa gare su ba. So suke ka fara ƙonewa tukuna.

Alhamdulillahi, idon ya dawo. Ranar da na karanta layi na biyun ƙarshe, maigida ya yi kabbara har nas ta leƙo. Saura tabo, da rabin gira da ba ta sake tsirowa ba, da zugin da iskar mukayyif, wato na'urar sanyaya ɗaki, ke tayarwa.

Likita ya ce ciwon kan iya dawowa, har yanzu ina bukatar rigakafin. Da na warware, ya tura musu buƙata, haɗe da bayanin jinyar da su da kansu suka biya.

Marfud. Ban kai hamsin ba.

Na biya da kaina. Na yi ta farko, ina jiran ta biyu.

Na gode wa Allah, da likitan nan, da maigidana Abban Sadiya da ya koyi ɗiga magani ba tare da ya tsole ni ba. Khala Rabi kuma kullum da kunun gyaɗarta, ta riga ta wanke kanta.

Shawarata: ku gaya wa likita shekarunku na gaskiya. Zugi da ƙuraje a ɓari ɗaya, musamman a fuska, asibiti a ranar, ba shafa mai ba. Ku tambayi tamin ɗinku ko yana biyan rigakafin tun kuna lafiya. Idan ya ƙi kuma kuna da hali, ku biya. Ku tambayi iyayenku su ma.

Baffa, Allah Ya jiƙanka, alheri ka nufa. Magatakarda, in kana raye, ga godiyar da ka ce zan yi.

Nan da shekara biyu zan cika hamsin a sistam. Na tabbata za su turo mini saƙo, su tuna mini lokacin rigakafi ya yi. Zan karanta shi da idon hagu.