Ɗingishin Kawu Maigandi

Riskuwa haifaffen Nasarawa ne a Birnin Kebbi, amma a Argungu ya yi wayo, a hannun kawunsa Maigandi, masuncin da ya ɗauke shi bayan rasuwar mahaifinsa. Shekara goma sha ɗaya ya yi yana wasan kwaikwayo a Sakkwato, bai taɓa fitowa a ango ko attajiri ba. Shi ne dillali mai rantsuwar ƙarya, shi ne kurman mai gadi. Kaɗan ne suka san sunansa, amma da ya leƙo sai dariya.

Gwanintarsa sata ce, kuma ba ya musu. Sai ya zauna a tasha ya ƙura wa bawan Allah ido, ya kwashe tarinsa da yadda yake karya hula, ya kai gaban kyamara.

A 1985 aka ba shi aikin shirya fim ɗinsa na farko, kan ciwon kurkunu, wanda motar majigi za ta zaga da shi gari-gari. Shi ya ba da umarni, shi kuma ya fito a Ɗan Gardama, wawan tsohon da ya ƙi tace ruwan tafki har ƙafarsa ta lalace. Wasan yana son ɗingishi, Riskuwa kuwa bai je nesa nema ba. Kurkunu ya daɗe da nakasa ƙafar hagun Kawu Maigandi: yakan dafa gwiwa, ya ja tsaki, sannan ya jawo ta. Haka Riskuwa ya ɗauko, ko tsakin bai bari ba. Kada a ce kuskure ne, ya san abin da yake yi. Yabo yake so, ya kuwa sha shi.

Majigi ya isa Argungu. Wa ya isa ya ɓoye wa 'yan gari tafiyar da suke gani kullum a hanyar gulbi? Kafin sati, daga kasuwa har bakin ruwa, Ɗan Gardama ake kiran dattijon. Ya daina fita, sai masallacin ƙofar gida.

Wani direba ne ya fesa wa Riskuwa labarin, yana dariya. Kunya ta kama shi kamar ƙasa ta tsage ya shige. Sai da ya yi wata guda yana ƙirƙiro uzuri kafin ya iya shiga motar Argungu.

Ya iske kawun a zaure yana ɗinkin homa, ragarsa ta kamun kifi. Ya tsuguna, ya gaishe shi.

"Na ga wasan," in ji tsohon, bai ɗago ba. "An ce mutane sun soma tace ruwa. Madalla. Ashe duk sadda nika ɗauko ka bisa kahwaɗa zuwa gulbi, kallona kaka yi."

"Kawu, ka gahwarce ni."

"Na yahe, ɗana. Mi za ni riƙe ka da shi?"

Suka yi la'asar a nan zaure. Da Riskuwa ya miƙe zai koma, sai ya tsaya a bakin ƙofa, don a gidan nan ba a sallamar baƙo sai an taka masa har bakin hanya. Tsohon ya kai hannu ga sandarsa, sai kuma ya janye.

"Tahi abinka, Riskuwa. Sai ka sha kwana ni tashi."