Kwando da Tseren Auta

Ƙanena ba ya riƙe komai, kuma bai taɓa yin kamar yana iyawa ba. In ka ba shi sirri da safe, kafin azahar mai shagon bakin titi ya sani. In ka ba shi aron tsani, sai ka bi gida-gida kafin ka gano inda yake jingine. Mahaifiyarmu ce ta sa masa suna Kwando tun yana yawo da gajeren wando, ta ce duk abin da aka zuba masa sai ya tsiyaye. Sunan ya bi shi har furfura. Shi da kansa yake gargaɗin mutane. "Kada ka gaya min," in ji shi, "ka dai san ni." Su kuma sai su gaya masa.

Direban motar kai burodi ne, aikin da ya yi har ƙugunsa ya ƙi. Babu shagon da bai san mai shi ba, babu mai shagon da bai san abin da ke cikin gidanmu ba. Tayarsa ta safaya kullum tana ƙarƙashin motar wani. Ni ce babba, na yi faɗa har muryata ta dushe, ban canja ko gashi ɗaya a kansa ba. Matarsa, Allah ya jiƙanta, ta fi ni dabara. Abin da ba ta so ya fita, sai ta ɓoye masa kamar yadda ake ɓoye wa yaro ashana.

Ta rasu ta bar masa 'ya'ya mata biyu. Babbar ma'aikaciyar jinya ce, Nas muke ce mata, ita ta gado kan uwarta. Ƙaramar, Auta, ba ta gado kowa ba, don a danginmu babu mai gudu sai in kare ya biyo shi. Ita kuwa tun tana firamare in aka aike ta, kafin ka zauna ta dawo. Wani malamin wasanni ne ya gan ta ya ce a kawo ta fili. Kwando bai san komai game da tsere ba, har yau ma ban ce ya sani ba. Amma shi yake kai ta a motar burodi kafin ya fara zagaye, ya tsaya a bakin shingen fili riƙe da takalmanta da gorar ruwa, burodin mutane yana hucewa a baya.

An yi surutu, ba sai na faɗa ba. Wasu suka ce mace da gudu ba tsari. Sai dai duk wanda ya faɗa wa Kwando haka, washegari unguwa ta san wane ne ya faɗa, da kalmomin da ya yi amfani da su, da abin da yake ci lokacin da ya faɗa. Ba don mugunta ba, haka bakinsa yake. A hankali masu surutun suka koyi yin shiru.

Shekaru suka wuce, aka zaɓi Auta zuwa babbar gasa a wata ƙasa. Ba za a nuna a tashoshin da muka saba ba, sai ta wata manhajar wasanni da ake kallo a talabijin mai haɗuwa da intanet. Nas ta kawo irin talabijin ɗin, ta sa aka kafa a falo, ta buɗe asusu, ta koya masa lambar sirri don ko manhajar ta tambaye shi ba ta nan. Ina zaune lokacin.

"Baba, wannan ba tsani ba ne," ta ce. "Ba a ba da aronsa."

"To," in ji shi.

Na kalli Nas na ce, "Kin dai ji 'to' ɗin."

Ana sauran 'yan makonni aka yi masa aiki a ƙugu. Gidansa a saman bene yake, mutum huɗu suka hau da shi a kujera, likita ya ce kada ya kuskura ya taka matakala. Na dawo gidan da zama ina jinyarsa. Ana gobe tsere Auta ta kira. Ta ce kafin a tashi, kyamara tana bin layi tana nuna fuskar kowace mai gudu. "In ta zo kaina zan taɓa kunnena na dama. Naka ne, Baba, kai kaɗai. Ka tabbata kana kallo."

"Idona na kanki," ya ce. Ya ajiye waya yana share ido da hannun riga, na miƙa masa ƙyalle na ce ya daina ɓata min wanki.

Ranar, da la'asar, muka jingina shi da matasai a gaban talabijin. Nas ta dawo daga aiki ko kayan asibiti ba ta cire ba. Ta danna manhajar. Tambarinta ya fito, wata 'yar da'ira ta yi ta juyawa a tsakiya, sai ta jefo mu waje. Ta sake dannawa. Haka dai.

"Intanet ne," in ji Kwando. "Jiya ma da ƙyar ya ja."

Nas ta buɗe wata manhajar ta daban, hoto ya fito tas. Ba intanet ba ne. Duk da haka ta kashe akwatin intanet ɗin ta kunna, muka zuba wa ƙananan fitilunsa ido har suka dawo kore. Ta zare wayar talabijin daga soket, ta ɗan jira, ta mayar. Da'ira. Ta shiga saiti ta share tarkacen da manhajar ta tara, ta duba ko kwanan watan talabijin ya gurɓace, ta tarar daidai yake. Ni ma na ba da tawa gudummawar, na buga wa rimot tafin hannu. Nas ta ce, "Gwaggo, don Allah." Na ce a zamaninmu haka ake yi kuma yana aiki.

Agogo dai bai tsaya jiranmu ba. Tseren Auta gajere ne, bai kai tafasar ruwan shayi ba. In ya wuce ya wuce. Nas ta goge manhajar gaba ɗaya ta sake ɗora sabuwa, tana shigar da lambar sirri harafi-harafi da rimot, ta yi kuskure, ta sake. Wannan karon ba a jefo mu waje ba. Rubutu ya fito da Turanci, ta karanta. Ni ma na karanta, na yi sakandare ai. Cewa aka yi masu kallo da wannan asusun sun kai iyaka, wuri uku kawai aka yarda a lokaci guda. A ƙasa ga wani maɓalli: a fitar da kowa.

Daidai lokacin wayar Kwando ta yi ƙara. Ba ya iya riƙe waya a kunne, kullum a buɗe yake sa ta kowa ya ji. Mai askin ƙasan layi ne.

"Baba Kwando! Allah ya saka! Hoto kamar a gabanmu! Shago ya cika har bakin kwata, na ajiye almakashi, ga wani nan da rabin kai a aske ya ce a bar shi haka!"

Nas ta juyo a hankali. "Baba. Wa da wa?"

Bai ko sunkuyar da kai ba. "Mai aski. Sai 'yan gidan burodi, sun ce za su sa a ɗakin hutunsu. Sai malaminta na wasanni, kin san yana kwance a asibiti, matarsa ta ce a waya zai kalla." Ya ɗan yi tunani. "Akwai wasu, amma ina jin waɗannan ne suka riga shiga."

"Akwai wasu," na ce. "Kin ji ko? Akwai wasu."

Nas ta kai alamar kan maɓallin. Dannawa ɗaya, duk su fita, mu shiga, ta canja lamba. Ta ce, "Baba, an fara kiran sunaye."

"Dakata."

"Babu lokacin dakatawa."

"Ba za a iya fitar da ɗaya kawai ba?"

"A nan dai kowa aka ce. Kuma ko ana iyawa, wa za ka fitar?"

Ina ganin yana zagayawa a ransa kamar yadda yake zagaye da mota. Malamin da ya fara ganin yarinyar, yana kwance da robar ƙarin ruwa a hannu. Mutanen gidan burodi da suka yi shekaru suna rufa masa asiri in ya makara saboda fili. Shagon aski da rabin unguwa a ciki.

Na fizge rimot daga hannun Nas. Ba na jin kunyar faɗa, dannawa zan yi, kuma da na danna da ban yi nadama ba. Na ce, "'Yarka ce. Su suka haifa maka ita? Kai ta ce ka kalla."

Ya kama wuyan hannuna. Mutumin da tun aikin da aka yi masa kofi ma sai an riƙe masa, ya damƙe ni har na ji ƙashi. Na san Kwando tun ranar da aka haife shi, ban taɓa ganin ya riƙe wani abu haka ba.

"Yaya," ya ce, "a nan mu uku ne."

Iyakar abin da ya faɗa ke nan. Na saki rimot ya faɗi kan tabarma.

Nas ta ce wa mai aski ya juya kiran zuwa bidiyo ya nuna mana talabijin ɗinsa. Ya gwada, bawan Allah. Muka ga ƙeyar mutane, muka ga fankar silin, muka ga hancin mai askin kansa, sai hoton ya daskare. Murya kaɗai ta rage. Kwando ya ɗora wayar a ƙirjinsa, ya kafa wa talabijin ɗinmu ido, wanda babu komai a kansa sai wancan rubutun.

Hayaniya ta lafa a shagon. Wani ya ce, "Ga layin nan, ga layin nan, ku yi shiru." Sai kuma gaba ɗaya, kamar da baki ɗaya, maza da mata da yara:

"Ta taɓa kunnen! Baba Kwando, ta taɓa kunnen!"

Ashe har wannan ya faɗa musu. Sirrin da yarinya ta ce nasa ne shi kaɗai, bai kwana a cikinsa ba. Kuma ba ta waya kaɗai muka ji ba. Tagar falo a buɗe take, ihun ya taso daga ƙasan layi ya hau bene ya shigo, na waya yana biye da shi a baya kaɗan, sai muka ji shi sau biyu. Ni ba mai saurin kuka ba ce, kuma ban yi ba, amma sai da na nemi kujera.

Tseren kansa ba mu gane komai ba. Ihu ne kawai, da sunanta, da wani mai ta cewa "wuce ta, wuce ta," da ƙarar benci da ya faɗi. Kwando bai motsa ba. Leɓunansa ne kawai suke motsi, hannunsa ɗaya a kan waya, ɗayan a dunƙule kamar yana riƙe da gorar ruwa. Da aka gama, mai aski ya dawo kan layi muryarsa a shaƙe ya ce ta uku ta zo, ta samu lambar yabo, kuma an fasa masa madubi amma ya yafe.

Bayan kamar awa guda Auta ta kira, tana haki har lokacin.

"Baba, ka gani?"

Nas ta yi masa alama da ido, ni ma na yi. Kalma ɗaya ce, kuma babu wanda zai tona. Amma da wa muke magana?

"Ban gani ba, Auta."



"Wa ka ba lambar?" ta ce.

Ya lissafa mata. Da ya zo kan malaminta, ta katse shi. Sannan ta ce, a hankali, "Malam ya gani?"

"Matarsa ta kira yanzu. Ta ce ya tashi zaune, har ma'aikatan jinya suka shigo da gudu."

Ba ta ce ta yafe ba, ba ta ce ba ta yafe ba. Ta ce ana kiran su, za ta sake kira. Na san abin ya yi mata ciwo, kuma tana da gaskiya. Har yau in maganar ta taso takan ce, "Ni dai Babana bai gan ni ba," tana dariya, amma ba dariyar duka ba ce.

Kafin magariba manhajar ta dawo aiki da kanta, tunda kowa ya fita. Nas ta ce an ajiye tseren, ana iya kallo daga farko, ta ɗauki rimot. Ya ce ta bari tukuna. Lokacin an fara hawowa bene: mai aski, da mutumin nan mai rabin kai, da 'yan gidan burodi da garin fulawa a gira, da matan layi. Falo ya cika, wasu a matakala, kowa yana magana a lokaci guda, kowa yana nuna yadda ta yi a kwanar ƙarshe.

Kwando ya ɗaga hannu har aka yi shiru.

"Don Allah abu ɗaya nake roƙo," ya ce. "Kada kowa ya kunna min shi yau. Ku zo ɗaya bayan ɗaya, ku zauna nan kusa da ni, kowa ya faɗa min abin da ya gani tun daga layi. Kada wanda ya ce ai wane ya riga ya faɗa. Wanda bai samu wuri yau ba ya dawo gobe, ina nan, ba inda za ni."