Muryar Tsohon Jaki

Ranar Talata, sha ɗaya ga watan jiya, da hantsi, matarka ta kira ni ta ce ka cika. Na Allah ne mu, kuma wurinSa za mu koma.

Shekara goma sha tara muka yi a ɗakin nan marar taga, kai kana yanka hoton fim kana haɗawa, ni ina gyaran sauti. Mai Almakashi muke ce maka, ko da yake ban taɓa ganinka da almakashi ba sai za ka rage gashin baki. Fim ɗin tarihi, wasan kwaikwayo, katun ɗin yara, duk sun bi ta hannunka, amma sunanka ba ya fitowa sai masu kallo sun miƙe suna neman ƙofa.

Ban manta da tsohon masuncin da ya fashe da kuka gaban kyamara ba. Darakta ya so a bar kukan ya yi tsawo, ka yanke shi. Ka ce, "Labarinsa ya ba mu, bai ba mu hawayensa ba." Kwana uku darakta bai gaishe ka ba, ko a jikinka.

A aikin katun, kafin ’yan wasa su zo, kai kake ɗora muryarka ta wucin gadi don a auna tsawon magana. A na ƙarshen nan kai ne tsohon jaki, kana ta mita wai ƙafarka ta gaji.

Bayan rasuwarka ’yarka ta tambaye ni, "Kawu, akwai inda Baba ya yi magana?" Na bincike ajiyarmu kaf, ban same ka ko’ina ba sai a bakin jakin nan. Na kwafa mata. Ta yi dariya, sannan ta rufe fuska.

Ɗan wasa ya zo ya ɗauki tasa muryar, aka ce in cire taka kafin Alhamis. Maɓalli ɗaya ne, na danna irinsa sau dubu. Amma kwana huɗu na yi ina kunna ka kana mita, ina amsa maka. Ranar Alhamis na danna.

Allah ya jiƙanka, ya yafe kurakuranka, ya haskaka makwancinka. Allah ya ba matarka da ’yarka haƙuri. Ni ma a sa ni a addu’a, don tun ranar Alhamis ba wanda ya yi mini magana a ɗakin nan.