Labarin da Inna Ta Ba Ƙawata

A makarantar kwana ta 'yan mata da na yi, ba mu ɗauki tsaga littafi gida biyu a matsayin ɓarna ba. Akwai wasu kwalaye a ɗakin karatu cike da ƙagaggun labarai na Amirka, kyauta ce aka aiko tun kafin zuwanmu, gara ma ta riga ta ci rabonta. Masu kaurin cikinsu muka fi so, ga shi ba a barin aro ya daɗe a hannun mutum. Sai mu lanƙwasa bayan littafin, mu bi tsakiyarsa da reza, kowa ta ɗauki rabi. In an gama a yi musanya. Ranar mayarwa kuma mu ɗinke shi da zare da allura, mu shafa ƙaro, mu danne da dutsen guga.

Abokiyar tsagata wata ƙawata ce 'yar cikin garin Haɗejiya. Ni daga ƙauye nake, can fadamar Auyo. Kullum rabin farko nake ɗauka, don ni ba a fara mini abu daga tsakiya. Ita ko a jikinta. Sai ta karɓi rabin ƙarshe, ta faɗa cikin mutanen da ba ta san ko su wane ne ba, ta zo ta ishe ni da tambaya. Wace ce wannan tsohuwar? Me ya raba ta da ɗanta? Me ya sa mutumin nan yake tsoron ɗan sanda? Ni kuma in gyara zama in yi ta zuba bayani, ina jin daɗin bakina. Haka muka girma, ita da tambaya, ni da ba da labari.

Abin da ya kama ni a littattafan nan, tun ban iya faɗarsa ba, shi ne kowanne yana ɗauke da zamaninsa a jikinsa. Ba sai an rubuta maka shekara ba. Ka ga ana sayar da mutum a kasuwa tare da alfadari, ka san lokacin bauta ne. Ka ga samari na ɓoye kwalba a aljihun kwat ana raye-raye kamar gobe ba za ta zo ba, ka san shekarun da arziki ya hau kansu ne. Ka juya wani, sai ga magidanta a layin karɓar abinci, manoma sun ɗaure katifa a kan tsohuwar mota sun bar gonakin da fari ya cinye. A wani kuma baƙar mace ce take tsaye a bakin gidan abinci, da yunwarta, amma doka ta ce ba ta nan za ta shiga ba. Sai sojojin da suka dawo daga yaƙi suka kasa zama da iyalinsu. Marubutan ba sa tsayawa yi maka darasi. Takalmin mutum za su nuna maka, da abin da ya ci da safe, da wanda ya fara gaishe da wani a hanya.

Da na je karatu Kano wannan fannin na bi, na dawo Haɗejiya ina koyar da adabin Turanci a sakandare. A nan kishina na farko ya tsiro, kuma Amirkawa nake yi wa shi. Duk masifar da ta same su ta samu mai rubuta ta. Mu fa? Mun sha fari. An datse kogi daga sama, ruwan da iyayenmu suka san lokacin zuwansa ya koma zuwa yadda ya ga dama. Kacala, ciyawar nan mai tsawo, ta toshe hanyoyin ruwa, tsuntsayen jan-baki suka samu gidan kwana a cikinta suna wayar gari a kan shinkafar mutane. Masunta sun tafi tafkin Chadi, wasu sun dawo, wasu shiru. Duk wannan ba ka ganin sa sai a rahoton ma'aikata, inda babu wanda yake da takalmi ko karin kumallo. Na sha faɗa a ɗakin malamai cewa ni zan rubuta littafin fadamar nan. Kowa ya yarda, don ni ce mai karatun. Na kuma san inda labarin yake. Yana bakin Innata.

Matsalar ita ce ni 'yar fari ce. Inna ba ta taɓa kiran sunana ba. In tana son magana da ni sai ta ce “ke”, in kuma da mutane sai ta ce “waccan”. A ɗakin kakata na tashi. Ƙannena suna hawa cinyar Inna, suna yi mata tsiya tana ramawa, ni kuwa gaisuwa ce tsakaninmu, sai “an zo lafiya”, sai ta turo mini kwano ba tare da ta dube ni ba. Ba ƙiyayya ba ce, kowa ya san kunyar ɗan fari, kuma a garinmu har yabon mace ake yi a kanta. Amma sanin dalili bai taɓa rage mini zafin abin ba.

Sana'arta gumi. Ta jiƙa shinkafa, ta turara a rabin ganga, ta shanya a tabarmin kaba. In na je hutu nakan zauna kusa da ita tana juya shinkafar, shiru ya yi mana yawa. Ni kuma ba na iya zama da shiru. Sai in kama ba ta labarin Amirkawa, musamman manoman nan masu katifa a kan mota. Ba ta amsa mini kai tsaye. Ƙanwata take duba ta ce, “Allah sarki, ashe su ma sun ga rana.” Wani lokaci har ta soma, “Shekarar da muka ci bado...” sai in cafe, “Ai Inna haka aka yi a can ma,” in ci gaba da nawa. A tunanina hanya nake share mata. Kafin wani lokaci Inna ta san halin da talakan Amirka ya shiga fiye da ɗalibaina.

Sai shekarar da ruwa ya karya jinga ya shiga garinmu. A kwalekwale aka fito da su Inna, daga nan babur ya kawo ta gidana a Haɗejiya, da ƙullin kayanta da ciwon ƙafa. Na yi murna a ɓoye. Na ce ga Inna a gidana, ba gumi, ba kaji, dole wata rana bakinta ya buɗe.

Ya buɗe kuwa, amma ba gare ni ba. Ƙawata ta zama malamar asibiti a lokacin, kuma gidanta ba nisa da nawa. Takan biyo bayan ta tashi aiki ta duba ƙafar, ta auna jini. In na dawo daga makaranta da la'asar, tun daga zaure nake jin dariyar Inna, irin dariyar da ban san tana da ita ba. Da na yi sallama sai ta gyara ɗankwali ta ce, “An dawo?” Hirar ta mutu ke nan. Ƙawata ta tattara kayan awonta tana murmushi, ni kuma in wuce madafa ina buga tukwane ba gaira ba dalili. Wata rana na laɓe a bakin ƙofa. Ba wani abu ƙawata take yi ba, abin da ta saba ne tun muna yara. “Inna, to shi wane ne wannan? Da kuka isa can wa ya tarbe ku? Kina jin tsoro?” Ta faɗa tsakiyar rayuwar tsohuwar nan tana neman rabin farko.

Ruwa ya janye, Inna ta koma gida. Bayan wani lokaci labari ya fara yawo a zaurukan mata na waya, kashi-kashi, da sunan ƙawata a sama. Ban buɗe ba. Na ce wa kaina irin na soyayyar nan ne da ake rubutawa a tsaye. Har aka buga shi, har aka fara karanta shi a rediyo da rana. A ɗakin malamai na fara jin sa, wani malamin lissafi ya ƙure murya yana cin gyaɗa.

An canza sunaye, an canza gari, amma mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo. Ga yarinyar da aka kai aure a kwalekwale. Ga shekarar da mata suka shiga ruwa har ƙirji suna tsinkar bado, ga jan hatsin agaji da tuwonsa ba ya ɗauruwa, ga miji ya tafi tafki ya bar rediyo mai batir da ba a kunnawa sai lokacin labarai. Duk abin da nake koya wa ɗalibai su lura da shi a littattafan Amirka, ga shi nan da Hausa, kuma ya zauna daram. Na so in sami kuskure. Na kasa kunne ina neman inda za ta yi tuntuɓe, ba ta yi ba. Da ya fi mini sauƙi a ce littafin ba shi da kyau.

Ranar da aka karanto inda 'yar farin matar da ke cikin labarin za ta tafi makarantar kwana, na kusa tashi in kashe rediyon. Ni abin da na sani, ranar tafiyata Inna ko leƙowa ba ta yi ba, kakata ce ta raka ni mashigi. A labarin kuwa uwar ta ɗauki tulu kamar za ta ɗebo ruwa, ta bi ta bayan gonaki, ta tsaya cikin kacala ruwa har gwiwa, tana kallon kwalekwalen har ya tsallake. Ta dawo da tulun ba komai a ciki. Malamin lissafi ya ce, “Kai, matar nan ta iya rubutu.” Na ce masa ba laifi.

Na je gidan ƙawata a ranar. Na same ta tana wanke wa yara kayan makaranta.

Na ce, “Wannan labarin nawa ne.”

Ta ce, “Na Inna ne. Kuma sai da na nemi izininta.”

“Kin san shekara nawa ina cewa zan rubuta shi.”

“Na sani. Kin taɓa tambayar ta?”

“Ke ma kin san ba za ta faɗa mini ba.”

Ta matse rigar da ke hannunta ta ce, “To ni ta faɗa mini. Ya kike so in yi da shi, in binne?”

Sai na ce mata babin tsakiya ya yi tsawo. Ta yi dariya, ta ɗauko kwafi ɗaya ta ba ni, har tana tambaya ko ta kawo reza. Ban yi dariya ba. An ce hassada ga mai rabo taki ce, kuma ni na zuba wa gonar ƙawata taki mai yawa a watannin nan. In an yabe ta a gabana sai in ji kamar an taka mini ƙafa. Ba sunan da ta yi ne ya fi ci mini rai ba. Ita ta zauna a gaban uwata ta ga fuskarta lokacin da take faɗin maganar tulun nan. Ni kuwa tare da malamin lissafi na ji.

Da hutu ya zo na tafi gida. An sake gina ɗakunan da ruwa ya ci, Inna ta koma guminta. Na same ta da hantsi tana baza shinkafa, ƙanwata na tsince tsakuwa a gefe. Na zauna inda na saba. Wannan karon ban kawo Amirkawa ba. Har ƙanwata ta ɗago ta dube ni ko lafiya.

Na yi yadda Inna take yi, na dubi tabarma na ce, “An ji labarin mutane a rediyo.”

Ba ta ɗago ba. Ta kori wata kaza, sannan ta ce da ƙanwata, “Ashe ɗan aiken ya isar.”

Na ce, “Dama aike ne?”

“Akwai maganar da uwa ba ta yi wa na fari baki da baki,” in ji ta, har yanzu ƙanwata take kallo. “Sai dai ta samu wanda zai kai. Na daɗe ina neman mai tambaya.”

Na so in ce mata saƙon ya iso, amma sai da ya biya ta kowane gida mai rediyo a Jigawa, kuma sunan wata ne a bangonsa. Na haɗiye. Sai na jawo tabarmar na kama baza shinkafar tare da ita. Can na ce, “Inna, shi badon nan, yaya ake dafa shi?”

Sai ta juya mini baya sosai, ta ce da shinkafar, “Ba dafawa ake fara yi ba. Sai an shanya ya bushe, a daka, a tankaɗe. Akwai wata jaririya a gidan a lokacin, in an ɗura mata kununsa sai ta furzar a fuskar mutum. Haka za a lashe a sake ba ta, don babu na zubarwa.”

Ƙanwata ta fashe da dariya. Ni na gane ni ce jaririyar, amma ban ce komai ba, don kada in katse Inna.

Da na koma Haɗejiya, tun kafin in cire mayafi na ɗauko littafin ƙawata na bi shi shafi-shafi. Maganar jaririyar nan babu ita a ciki. Na sake dubawa don in tabbata.