Saƙon Norhata Yana Hannuna Har Yau

Shekara bakwai ke nan cif, a wannan wata na Shawwal, da na tsaya a ɗakin wankan gawa ina zuba wa Norhata ruwa. Maza suka ɗauke ta zuwa Harami, aka yi mata salla tare da wasu mamatan da ba ta taɓa sani ba, daga nan aka wuce da ita maƙabarta. A Makka ba a rubuta suna a kan kabari, mata kuma ba ma zuwa. Ko yau aka ce in nuna inda take kwance, ba zan iya ba. Abin da ya rage mini nata biyu ne: wani tsohon filas shuɗi da ke saman kabad ɗina, da wani saƙo da ta ba ni in kai wa yayana, wanda har yanzu ban kai ba.

Norhata Musulma ce daga kudancin ƙasar Filifin. Mu kuwa 'yan Utaibiyya ne, wata unguwa a cikin Makka, a nan aka haife mu, kakanmu ne ya zo Hajji daga ƙasar Kano bai koma ba. Yayana, wanda zan kira Yaya kawai a nan, shi ya ɗauko ta, shi ne kafilinta, wato takardar zamanta a ƙasar nan a ƙarƙashin sunansa take. An kawo ta ne don jinyar mahaifiyarmu Inna, bayan ciwon suga ya kai ta ga shanyewar ɓarin jiki. Shekara shida tana juya Inna, tana yi mata wanka, tana yi mata allura a kan lokaci. A bakin Inna ta koyi Hausa, shi ya sa Hausarta ta tsofaffi ce. Yarinya ƙarama siririya, sai ka ji ta ce wa 'ya'yana, "Ku tashi mini a nan, ja'irai," mu kwashe da dariya. Tuwonta dai har ta mutu bai daina gudaji ba, kuma ban taɓa fasa gaya mata ba.

A wurinta na fara jin kalmar loob. Wata Juma'a wata 'yar uwarmu ta zo duba Inna da kwandon kayan marmari, ta zauna minti goma tana toshe hanci da gefen mayafi, ta tafi. Na ce ai ta kyauta. Norhata ta ci gaba da ninke zanen gado, ta ce, "Hauwa, wannan waje ne. Mu a wurinmu mutum ciki ne." Ta ce a harshensu suna kiran cikin nan loob, kuma ba tumbi take nufi ba, ba ma zuciya kaɗai ba. Shi ne ainihin mutum, inda niyya take zaune, inda kunya da ƙarfin hali suke fitowa. Wanda ya yi maka alheri ba don a gani ba, sai su ce cikinsa ne mai kyau. Wanda aka cuta ya haɗiye, sai su ce cikinsa ya ɓaci, kuma ba ya gyaruwa da kyauta ko da biki, sai cikin wanda ya yi cutar ya fito ya same shi. Daga baya na ji cewa malaman halayyar ɗan Adam na ƙasarsu sun daɗe suna rubutu a kan wannan kalma. Ni dai a wurin mai ninke zanen gado na koye ta, kuma ban ga abin da ya rage mini ba.

Shekarar da abin ya faru, Yaya ya sami aikin jagorar alhazai a Mina, ya rantse sai ya kai Inna Hajjin bankwana a keken guragu. Norhata ta ce zafi ya yi yawa. Ya ce ba a tambaye ta ba. Ni ina jego, ita kuma ba ta da izinin fita aikin Hajji, saboda haka ta yi abin da za ta iya. Ta jera allurar suga a filas ɗin nan, ta cika shi da ƙanƙara, ta manna takarda a jikinsa ta rubuta lokacin kowace allura da manyan lambobi. A gabana ta miƙa masa da hannu biyu. Kwana huɗu bayan haka aka kira mu daga Mina, Inna ta faɗi a tanti ba ta farfaɗo ba.

Ranar farko ta zaman makoki, gida cike, Yaya ya tsaya a bakin ƙofar ɗakin mata yana karɓar gaisuwa. Wata gwaggonmu ta tambaye shi yadda aka yi. Ya share hawaye ya ce, "Wallahi ya khala, Filibbiniyyar nan ce ta manta ba ta sa maganin a jaka ba." Norhata tana tsaye a tsakiyar ɗaki da butar gahawa a hannu. Na ga hannunta ya tsaya, sannan ta ci gaba da zubawa. Daga ranar babu macen da ta sake karɓar kofi daga hannunta. Ni ma da na ga an miƙa filas ɗin da idona, bakina ya mutu, don ban saba ƙaryata Yaya a gaban mutane ba. Wannan shirun nawa yana cikin abin da nake jin kunyarsa har gobe.

Bayan mako guda wani direba maƙwabcinmu, mutumin Chadi, ya ƙwanƙwasa ƙofata da filas a hannu. Ya ce a ƙarƙashin kujera ya tsince shi a bas ɗin da ya kwaso su Yaya daga Muzdalifa, ya gane rubutun mai jinyar Hajiya. Allurar tana ciki, ƙanƙarar ta zama ruwa. Ashe Yaya ya manta shi a mota, kuma da ya tuna bai gaya wa kowa ba. Ga ɗakunan shan magani ko'ina a Mina, amma shi jagora ne, ba ya so alhazansa su ji cewa ya yar da maganin uwarsa. Ya ci gaba da ba ta dabino da zamzam, yana cewa kwana biyu ba komai. Girmansa ya tsare, uwarsa ta tafi, sannan ya shafa wa baiwar Allah kashin kaji.

Na ɗauki filas na kai masa. Na ɗauka zai rushe da kuka. Ya kalle shi, ya kalle ni, ya ce, "Khalas, ya Hauwa, abin da ya wuce ya wuce. So kike ki tona mini asiri a kan shaggala?" Wato a kan 'yar aiki. Kafin mako ya zagayo ya shigar da ƙarar hurub, cewa ta gudu daga hannun kafilinta, alhali tana zaune a ɗakin Inna tana ninke kayan mamaciya. Wanda aka yi wa hurub ba shi da aiki, ba shi da fita cikin kwanciyar hankali, ko asibiti yana tsoron shiga. So yake a kama ta a mayar da ita ƙasarsu da bakinta a rufe. Ni na jawo mata wannan da na nuna masa filas, na sani.

Na ɗauke ta na kawo gidana. Na ce mu je gaban dangi, ga filas ga direba. Ta ƙi. Ta ce Inna ta riƙe ta kamar 'yar cikinta, ta taɓa cire 'yan kunnenta ta sa mata ranar Salla, kuma a wurinsu alherin da ya fito daga cikin mutum nauyi ne da ake ɗauka har kabari. Ba za ta kunyata ɗan Inna a kan tabarmar makokin Inna ba. Na ce wannan ai wauta ce. Ta ce, "To, ni wawuya ce, Hauwa. Bar shi, cikinsa zai kawo shi." Wata goma tana gidana. Wani kumburi ya fito mata a ƙirji, ta ɓoye mini har ya ci ƙarfinta, don ta san kai ta asibiti zai jawo wa mijina tambayoyi. Lokacin da muka yi ta maza muka kai ta, likita ya tambaye mu ina muke tun tuni.

Ranar da za ta rasu, bayan la'asar, ta riƙe yatsana. Muryarta ta yi ƙasa sosai. Ta ce, "Ki gaya wa Yaya na yafe. Ban tafi da shi a cikina ba. Ki gaya masa, kin ji?" Na ce na ji. Ban ce zan faɗa ba.

Da za ta leƙo yau, da ta ga Makka ta sake kama. An rushe lungunan da take bi ta sayo wa Inna burodi, komai ya koma cikin waya, har izinin salla a wasu wurare. 'Ya'yana da take kira ja'irai sun girma, in na yi musu Hausa da Larabci suke ba ni amsa. Na tabbata duk wannan ba zai dame ta ba. Labarin Yaya za ta tambaya, kuma da ta gan shi sai ta tausaya masa, don ta fi ni taushin zuciya nesa ba kusa ba. An yi masa aiki a zuciya shekara biyu da suka wuce, ya rame, ya bar aikin Mina. Ya yi mata umara ba sau ɗaya ba. Ya sa injin ruwan sanyi a ƙofar masallacin unguwa, ya ce ladan na wata baiwar Allah ne. Mutane suna ta yaba masa. Amma har yau bai tsaya a ƙofar ɗakin da ya yi ƙaryar ya ce shi ne ya bar filas a mota ba. Gwaggon nan tamu ta mutu tana tsine wa Norhata. Jikokin gidanmu sun taso da labarin 'yar aikin da ta kashe Hajiya.

Kowace shekara idan alhazai suka fara sauka, lokacin da mutane ke zagayen neman gafarar juna, sai ya zo gidana. Makon jiya ma ya zo. Ya zauna a bakin kujera da carbi, ya daɗe yana juya kofin shayi.

"Ya ukhti," ya ce, "ƙanwata, ke ce kike wurinta a ƙarshe. Billahi alaiki, na haɗa ki da Allah, ba ta ce komai a kaina ba?"

Na ce, "Yaya, shayinka zai huce."

"Samihini, ki yafe mini, Hauwa. Ba na barci."

"Ni me ka yi mini? Wadda ka yi wa tana inda ba a rubuta suna."

Ya ɗaga kai ya ga filas a saman kabad. Da gangan nake ajiye shi inda duk wanda ya zauna a kujerar nan zai gan shi. Ya tashi ya tafi bai sha shayin ba, ni kuwa, Allah Ya yafe mini, daɗi na ji. Ba zan ɓoye muku ba, ina so ya ɗanɗani wata goman nan, yadda mutum yake zama a ɗaki yana jiran a buga ƙofa. Ina so ya ji su ninki ba ninki.

Na san hukuncin riƙe amana, ba sai malami ya aiko mini da wasiƙa ba. Na kuma san abin da Norhata za ta ce. Za ta ce ita ta tafi da cikinta a wanke, ni ce na ɗauki dattin na zuba a nawa, ina ta dakonsa shekara bakwai. Gaskiyarta ne. Abin da ya wanzu nata ba kabari ba ne, ba hoto ba ne. Wannan ma'aunin ne da ta bar mini, na duba cikin mutum a bar wajensa, kuma duk lokacin da na ɗora kaina a kai sai in ga ban kai ba.

To ga saƙon, na sauke: Yaya, Norhata ta ce ta yafe maka. Na rubuta shi a jarida, dubban mutane shaida ne. Sai dai ni kaɗai ce a gidanmu Baba ya aika Kano wurin ƙanwarsa na yi makarantar boko. Yaya karatun Larabci kawai ya yi, ko harafi ɗaya na wannan shafi ba zai iya haɗawa ba. Na sani, Norhata, wannan waje ne, ba ciki ba. Ranar da ya tara dangi ya faɗi wanda ya bar filas a mota, ranar zan gaya masa da bakina, in sauke filas ɗin daga saman kabad. Kafin nan, duk wanda ya gane mu a cikinku, na haɗa shi da Allah kada ya karanta masa.